Lissafi A Sauƙaƙe: Rabin Rabi Nawa Ne?

  A makon jiya mun ga yadda ake tara kaso da kaso, kamar a tara rabi da sulusi. Yau kuma za mu shiga wani abu da ya yi kama da wancan a ido, amma hanyarsu ba ɗaya ba ce, wato yadda ake fitar da kaso daga cikin wani kason. Kafin mu ɗauki biro, bari in ba ku labarin kunyar da wannan lissafi ya taɓa ba ni.

Ina aji uku na sakandare wani dattijo maƙwabcinmu ya rasu, Allah Ya ji ƙansa. Ya bar mata biyu da 'ya'ya. Bayan an biya bashin da ake bin sa, sai aka zauna a zaure domin rabon gado. Malamin da ke rabon ya ce a samo ɗan makaranta ya riƙa rubutawa, aka kira ni. Na zo ina ta ji da kai, ga littafi ga biro. Da aka zo kan hatsin da ke rumbu, aka ƙirga dami 48 na gero. Malam ya ce, "Rabon mata sumuni ne." Sumuni shi ne kashi ɗaya bisa takwas. Nan take na raba 48 gida takwas, na sami 6, na rubuta: uwargida dami 6, amarya dami 6. Ban ma tsaya nan ba. Da aka aike ni cikin gida in ɗebo ruwan sha, sai na tsegunta wa uwargida cewa dami shida ne nata.

Da na dawo, malam ya karɓi littafin ya duba, ya ɗago kai ya ce, "Ɗana, sumunin nan guda ɗaya ne, su biyu za su raba shi. Kowacce rabin sumuni za ta ɗauka." Wato dami 6 ɗin nan su ne za a raba biyu, kowacce ta sami 3. Da an bi rubutuna, da mata sun ɗauki dami 12, an tauye wa marayu dami 6, alhali ba wanda ya yi niyyar zaluntar kowa. Gyaran littafi bai ci minti ɗaya ba. Abin da ya yi mini wuya shi ne komawa gaban tsohuwar nan, tana cikin takaba, in ce mata, "Inna, ki yi haƙuri, kuskure na yi, uku ne ba shida ba." Ba ta ce mini komai ba, ta dai dube ni. Har yau ban manta da kallon nan ba.

Rabin me?

Idan wani ya ce zai ba ka rabi, ba ka san abin da za ka samu ba tukuna, sai ka tambaye shi, "Rabin me?" Rabin buhun shinkafa da rabin mudun shinkafa duk rabi ne, amma ɗaya sai an nemi mai baro, ɗayan kuwa yaro ma zai riƙo shi a leda. Kaso ba ya tsayuwa shi kaɗai, kullum kason wani abu ne. Wannan shi ne darasinmu na yau gaba ɗaya. Matan mamacin nan kowacce rabi ne nata, amma rabin sumuni, sumunin kuma na dami 48 ne.

Mu tuna sunayen kaso da muke da su a Hausa, waɗanda mafi yawansu daga Larabci muka aro: rabi 1/2, sulusi 1/3, rubu'i ko kwata 1/4, humusi 1/5, sudusi 1/6, sumuni 1/8, ushiri 1/10. Lambar ƙasa tana faɗin gida nawa aka raba abu. Lambar sama kuma tana faɗin gida nawa aka ɗauka daga ciki. Saboda haka 3/4 na nufin an raba abu gida huɗu daidai, an ɗauki uku.

Gani ya kori ji

Kowa ya yago takarda ɗaya daga tsohon littafinsa. Ka ninke ta biyu daidai. Abin da kake gani yanzu rabin takardar ne. Ka sake ninke ta biyu. Abin da ke hannunka yanzu rabin rabi ne. To, warware takardar ka ƙirga gidajen da layukan ninki suka fitar. Gida huɗu ne, kuma ɗaya daga cikinsu kake riƙe da shi ɗazu. Ashe rabin rabi shi ne rubu'i, 1/4. Idan ka mayar da ita ka ƙara ninki na uku, za ka sami gida takwas. Rabin rubu'i ke nan, wato sumuni. Ninki na huɗu zai ba ka gida 16, rabin sumuni, daidai rabon kowace mace a labarina. In ka raba 48 gida 16 za ka sami 3, kamar yadda malam ya faɗa.

Kakanninku sun san wannan lissafi tun ba su taka ƙofar aji ba. Kafin Najeriya ta koma amfani da Naira da Kwabo a farkon shekarar 1973, fam da sule ake kashewa. Sule ɗaya kwabo 12 ne na wancan lokacin. Rabin sule shi ne sisi, kwabo 6. Rabin sisi shi ne taro, kwabo 3. Rabin taro kuma shi ne ahu, kwabo ɗaya da rabi. Ke nan taro rabin rabin sule ne, wato 1/4, ahu kuma 1/8 na sule. Tsohuwar da ke sayar da ƙosai a wancan zamani ba ta taɓa rikicewa a kan wannan ba. Ku tambayi kakanninku ku ji.

Ga agogo ma. Kwatan awa minti 15 ne. Sulusin wannan kwatan minti 5 ne. Minti 5 kuwa kashi ɗaya ne bisa 12 na awa, domin 5 sau 12 shi ne 60. Saboda haka sulusin rubu'i shi ne 1/12.

Ƙa'idar

Ku dubi abin da muka samu. Rabin rabi, 1/2 na 1/2, ya ba mu 1/4. Rabin sumuni, 1/2 na 1/8, ya ba mu 1/16. Sulusin rubu'i, 1/3 na 1/4, ya ba mu 1/12. Kun lura da lambobin ƙasa? 2 sau 2 shi ne 4, 2 sau 8 shi ne 16, 3 sau 4 shi ne 12. Ƙa'idar ke nan: domin fitar da kaso daga cikin kaso, ninkawa ake yi. A ninka lambar sama da lambar sama, a ninka lambar ƙasa da lambar ƙasa.

Wannan ƙaramar "na" da ke tsakanin kaso biyu, ko kuma "n" ɗin da ke ƙarshen "rabin" da "sulusin", ita ce alamar sau. A takardar jarrabawa da ke zuwa da Turanci, kalmar "of" ce ke yin wannan aiki. Duk inda kuka gan ta tsakanin kaso biyu, ku sa alamar × a wurinta.

Amma kada ku haddace ƙa'ida ba ku san dalilinta ba, domin abin da aka haddace kawai shi ne ke fara gudu a ɗakin jarrabawa. Mu gwada da misalin da lambobin samansa ba 1 ba ne.

Wani manomi ya shuka gero a 3/4 na gonarsa. A cikin wurin geron nan, ya sa wake a 2/3. Kashi nawa na gonar duka ke da wake?

Ku zana gonar a takarda, mai kusurwa huɗu. Ku ja layi uku daga sama zuwa ƙasa, gonar ta rabu gida huɗu daidai. Ku shafa wa gida uku fensir, wurin gero ke nan. Yanzu ku ja layi biyu a kwance daga wannan gefe zuwa wancan, gonar ta sake rabuwa gida uku. Ku ƙirga ƙananan akwatunan da suka fito: 12 ne, wato 3 sau 4. A nan lambar ƙasa ta samo asali. Daga cikin jeri ukun nan na kwance, ku ɗauki biyu, amma iya wurin da kuka shafa wa fensir, tunda a cikin gero kawai aka sa waken. Jeri 2, kowanne da akwati 3, ya zama akwati 6. Lambar sama ke nan. Saboda haka:

2/3 × 3/4 = 6/12

Tunda 6 na shiga cikin 6 sau ɗaya, tana kuma shiga cikin 12 sau biyu, 6/12 daidai yake da 1/2. Rabin gonar ne ke da wake. Wanda ya yi wannan zane da hannunsa sau biyu ko uku, ko ya manta ƙa'idar zai iya sake gano ta da kansa.

Idan lamba ta zo da cikakke da ɗori, kamar yadi 2½, a fara mayar da ita kaso zalla. Yadi biyu da rabi rabi biyar ne, wato 5/2. In tela zai yanki rabinsa, 1/2 × 5/2 = 5/4, yadi ɗaya da kwata ke nan.

Me ya sa amsar take raguwa?

Duk shekara sai na sami ɗalibin da zai ɗaga hannu ya ce, "Malam, ai ninkawa ƙara abu take yi, ya aka yi muka ninka amsa ta ƙanƙance?" Tambaya ce mai kyau. Ku bi wannan jeri: 8 sau 3 shi ne 24. 8 sau 2 shi ne 16. 8 sau 1 shi ne 8, bai ƙaru ba bai ragu ba. To idan aka sauko ƙasa da 1 fa? 8 sau rabi shi ne 4. Ninkawa tana ƙara abu ne idan da abin da ya fi ɗaya aka ninka. In da abin da bai kai ɗaya ba ne, ragewa take yi. Kuma hankali ma ya yarda da haka: wanda ya gutsuri wani abu daga rabin gurasa ba zai taɓa samun abin da ya fi rabin gurasar ba.

Wannan ya ba ku hanyar kama kuskure. Mafi yawan ɗalibai idan suka ga rabin sulusi, sai su tara, su sami 5/6. Ku tsaya ku duba: 5/6 ya kusa cika ɗaya. Yaya za a yi rabin sulusi ya fi sulusin kansa girma? Amsar ita ce 1/6. Muddin kaso biyun ba su kai ɗaya ba, dole amsar ta gaza kowannensu. Ku kuma lura cewa a nan ba a neman lambar ƙasa ta bai ɗaya kamar yadda muka yi a makon jiya. Wannan aikin tarawa ne da ɗebewa. A ninkawa kai-tsaye ake tafiya.

Inda ake cin karo da shi

Masu karatun Islamiyya a cikinku sun taɓa jin cewa zakkar kuɗi da zinare rubu'in ushiri ce. Sunan kansa kaso ne daga cikin kaso: 1/4 × 1/10 = 1/40. Wato a kowace Naira 40 a fitar da Naira ɗaya, shi ne kashi biyu da rabi cikin ɗari da kuke ji ana faɗa. Haka amfanin gona: wanda ruwan sama ya shayar ana fitar da ushiri, wanda kuma aka sha wahalar ban-ruwa a kansa ana fitar da rabin ushiri, 1/2 × 1/10 = 1/20. A buhu 40, na farko buhu 4 ne, na biyu buhu 2.

A kasuwa ma yana nan. A ce takalmi Naira 10,000 ne. Mai kanti ya yi ragin kashi 20 cikin ɗari, da ka yi ciniki ya ƙara rage maka kashi 10 cikin ɗari na sabon farashin. Da yawa za su ce an rage kashi 30 ke nan, kuɗi ya koma Naira 7,000. Mu bi a hankali. Bayan ragin farko saura 4/5 na kuɗin, Naira 8,000. Ragi na biyu daga 8,000 ɗin aka cire shi, saura 9/10 nata, Naira 7,200. A taƙaice 9/10 × 4/5 = 36/50, wato kashi 72 cikin ɗari. Ragin duka kashi 28 ne. Wanda bai san haka ba zai tsaya yana rigima da mai kanti a kan Naira 200 da ba tasa ba.

Wannan lissafi ya daɗe a duniya. Akwai wani tsohon rubutu na lissafi da wani magatakarda mai suna Ahmes ya kwafa a Masar kimanin shekara 3,500 da suka wuce, wanda ake ajiye da shi a gidan tarihi na Birtaniya da ke Landan. A cikinsa har da jerin yadda ake fitar da kashi biyu bisa uku na wani kaso. Haka kuma Muhammad bin Musa Alkhawarizmi, wanda ya yi aiki a Bagadaza, ya rubuta littafinsa wajen shekarar 820 Miladiyya, littafin da darasin aljabra ya samo sunansa daga gare shi. Babban ɓangare na littafin nan a kan lissafin wasiyya da gado yake. Irin matsalar da ta kayar da ni a zaure ita ce ta sa manyan masana zama da alƙalami.

Tarkon jarrabawa

Akwai wata irin tambaya da ke yawan fitowa tun daga jarrabawar aji uku har zuwa WAEC da NECO, kuma tana cinye wa ɗalibai maki ba gaira ba dalili. Ga irinta:

Wani ma'aikaci ya kashe 1/3 na albashinsa a kan abinci, sannan ya biya kuɗin haya da 1/4 na abin da ya rage. Kashi nawa na albashin ya saura a hannunsa?

Tarkon yana cikin kalmomin nan: "na abin da ya rage". Mai gaggawa zai tara 1/3 da 1/4 ya sami 7/12, ya ce saura 5/12. Ya faɗi, domin bai tambayi kansa "rubu'in me?" ba. Ga yadda ake yi. Bayan abinci, saura 2/3 na albashi. Kuɗin haya rubu'in wannan ne: 1/4 × 2/3 = 2/12, wato 1/6 na albashin duka. Yanzu da kason biyu suka zama na abu ɗaya, ana iya tara su: 1/3 da 1/6 shi ne 2/6 da 1/6, wato 3/6, rabi ke nan. Ya kashe rabi, saura rabi.

In kuna shakkar amsarku, ku ɗauki lamba ku gwada. A ce albashin Naira 60,000 ne. Abinci ya ci 20,000, saura 40,000. Rubu'in 40,000 shi ne 10,000, saura 30,000. Rabin 60,000 ke nan, amsa ta tabbata. Dabarar zaɓen lambar gwaji ita ce a ɗauki wadda lambobin ƙasa duka za su shiga cikinta ba saura, kamar 12 ko 24 ko 60. Gwajin nan ba ya cin minti biyu, kuma da na yi irinsa a zauren nan, da ban je na tayar wa tsohuwa hankali ba.

Saboda haka duk lokacin da kuka ga kaso a cikin tambaya, ku ja layi a ƙarƙashin kalmar da ta biyo bayansa. In "na albashi" aka ce, daga duka za a fitar. In "na abin da ya rage" ko "na matan ajin" ko "na wurin geron" aka ce, to daga wani kaso za a fitar, sai a ninka.

Aikin gida

1. Humusin rabi kashi nawa ne?

2. Ku nemo 3/4 na 2/5. Ku yi zanen akwatuna kafin ku yi amfani da ƙa'ida, ku ga ko amsoshin biyu sun zo ɗaya.

3. A wani aji mai ɗalibai 60, 3/5 mata ne, kuma 1/3 na matan a ƙafa suke zuwa makaranta. Kashi nawa ke nan na ajin duka, kuma su nawa ne?

4. Tankin ruwa ya cika da lita 240. Da safe aka yi amfani da 1/4, da yamma aka yi amfani da 2/3 na abin da ya rage. Lita nawa ta saura?

5. Mu koma zauren maƙwabcinmu. Da a ce mata uku ya bari, kashi nawa na geron kowacce za ta samu, kuma dami nawa ke nan daga cikin 48?

Kada kowa ya rubuta amsa kawai, ku nuna matakan da kuka bi, domin a jarrabawa ma ana ba matakai maki. Wanda ya gama, ya koya wa ƙaninsa ko ƙanwarsa ninkin takardar nan. Za mu kawo amsoshin a mako mai zuwa, sannan mu shiga yadda ake raba kaso da kaso, inda za mu ga rubu'i nawa ne ke cikin rabi. Sai mun haɗu, in Allah Ya kai mu. Ku huta lafiya.